Tarin Mahaucin Layin Masaƙa

A gidan talabijin ɗin nan ba a korar ɗan wasa da baki. Tari ake ba shi.

Haka aka saba tun ana nuna hoto baƙi da fari. In manya suka gaji da mutum a shirin Layin Masaƙa, ba sa kiransa ofis, ba sa rubuta masa wasiƙa. Ranar Litinin da safe za a taru a dogon tebur don karanta sabon kashi, a raba wa kowa takardunsa a kife, a buɗe tare. Ana cikin karatu sai mutum ya ga an rubuta a gefen sunansa: ya yi tari. Shi ke nan, ta faru ta ƙare. Bayan mako shida za a kai shi wurin likita a cikin shirin, a mako na goma a ɗauki akwatin gawarsa, mutanen gari su sha kuka a gaban akwatunansu na talabijin. Saboda haka ko a ɗakin cin abinci ba ka jin ɗan wasa ya yi tari. In mura ta kama mutum, banɗaki yake rugawa ya yi abinsa a can.

Avril Raistrick ta san wannan tarin ciki da waje, don ita ma an taɓa ba ta. Shekara tara ta yi tana fitowa a matsayin 'yar ƙanwar mahaucin layin. Tana cika talatin da tara wani mai ƙaton tumbi a bene na sama ya ce wai fuskarta ta fara gajiya a kyamara. Gajiya! Shi da ko matakalar bene ba ya iya hawa sai ya huta sau biyu. Aka ba ta tarinta, aka binne ta cikin ruwan sama na ƙarya, ta koma ɗakinta a garin Huddersfield ta zauna tana kallon bango.

Cyril Threlfall ne ya je ya same ta, shi ne mahaucin, kawunta na cikin shiri. Ya hau benen gidanta rungume da tafiretar matarsa Enid, yana haki, ya dire ta a kan tebur.

Ya ce, "Tashi, 'yar nan. Shekara tara kina gyara wa marubutan nan shirmensu a ɓoye. Zauna ki rubuta naki."

Ta rubuta kuwa. Yanzu shekararta goma sha biyu cikin marubutan shirin, kuma har yau Kawu take ce masa, ko a gaban wa. Shi kuma ya kai saba'in da ɗaya, shekara ashirin da shida yana bayan kantar nan da farar rigar mahauta. Enid ta rasu, ba su haihu ba. Ban da kantar nan ta katako da naman roba ba shi da komai a duniya.

Ranar wata Laraba cikin watan Nuwamba aka kira taron marubuta a bene na sama. Sabon furodusa, Piers Lathom, wanda aka turo daga Landan, ya shigo da takarda ɗaya tak a hannu. Avril tana ganin takardar nan ta san babu lafiya, don mutumin ba ya ɗaukar takarda sai zai yi ɓarna.

Ya ce, "Na zauna na duba maganganun kowa. Shekara uku da suka wuce mahauci yana magana sau arba'in a kashi ɗaya. Bara sau goma sha biyar. Bana shida. Su ma ba su wuce sannu da zuwa, laba nawa za a yanka miki, a gaida gida ba. Wannan kuma mutum ne ko hoton bango?"

Ya juyo ya dubi Avril yana murmushi.

"Kuma na duba wa ya fi rubuta nasa. Ke ce, Avril. Ke da kanki kin gaji da shi, kunya ce kawai ta hana ki faɗa. To na hutar da ke."

Wayyo Allah. Ita ta san abin da ya rage maganganun nan, kuma ba gajiya ba ce. Shekara biyu da suka wuce ta tarar da Cyril tsaye a baranda sanye da farar rigarsa, yana duba dama yana duba hagu, ya rasa hanyar ɗakin ɗaukar shirin da ya bi fiye da sau dubu. Da ya gan ta sai ya yi dariya ya ce tunani yake. Amma sai da ya bi bayanta ya gane hanyar. Tun daga ranar ta fara datse masa magana, tana ba shi gajeru, tana ajiye shi a bayan kantar nama kullum. Kafin a kunna kyamara takan lallaɓa ta rubuta masa maganganunsa da fensir a kan takardar naɗe nama, yana naɗewa yana karantawa, masu kallo suna cewa dattijon nan akwai natsuwa. Ba su taɓa kiran sunan ciwon ba, ko su biyu. Ashe rufin asirin da take yi masa shi ne ya kai shi ga takardar Piers.

Ta ce, "Mutane suna son shi, Piers."

"Shi ya sa za su kalli jana'izarsa. Ke za ki rubuta. In kuma ba za ki iya ba, ga Gavin nan, ya ce yana da dabara."

Gavin, wani marubuci mai son jini a labari, ya gyara zama ya ce, "A manta da shi a ɗakin sanyi na nama, a kulle, sai bayan kwana uku a gano."

Avril ta ce, "Ni zan rubuta."

Ta so ta faɗi gaskiya a wurin, har maganar ta zo mata bakin leɓe. Amma ta san gidan nan. In suka ji kan Cyril ya fara taɓuwa, ko mako goman ba za su ba shi ba. Ranar Juma'a za su sallame shi da kwandon furanni, a ce mahauci ya tafi ziyara bakin teku, ranar Lahadi kuma jaridu su buga hotonsa da baki buɗe. Ta haɗiye maganarta.

Da za su tashi Piers ya ɗaga yatsa. "Kun dai san doka. Marubuci ba ya gaya wa ɗan wasa. Na ji labarin Malcolm."

Kowa ya san labarin Malcolm. Ya raɗa wa wata 'yar wasa a mashaya cewa tarinta yana tafe, ita kuma ta kai wa 'yan jarida. Kafin azahar aka tattara masa komatsansa a kwali, kuma daga ranar babu gidan talabijin a arewacin ƙasar da ya sake karɓar ko shafi ɗaya daga hannunsa. An ce yanzu labule yake sayarwa a kasuwar Dewsbury.

Kwana takwas ta yi tana rubuta kashin, a kan tafiretar Enid ɗin nan dai. Ta kai shafi na goma sha huɗu ta tsaya. Ta dafa shayi ya huce, ta sake dafa wani. Sai rana ta uku ta buga kalmomin nan uku, ƙarar kowane harafi tana shiga mata har haƙori. Ranar Juma'a ta miƙa aikin, Piers ya karanta a tsaye ya ce madalla.

Ranar Lahadi da rana ta sa kwat ta ɗauki laima ta hau bas zuwa garin Otley, inda Cyril yake zaune. Doka ko ba doka ba, ba za ta bar mutumin da ya hau mata bene da tafireta ya ji wannan a gaban mutum talatin ba. Ana yayyafi, garin shiru kamar kowa ya yi ƙaura. Duk motar da ta wuce sai ta sunkuyar da laima, tana jin kamar Piers ne a ciki.

Cyril ya buɗe ƙofa da fara'a. "A'a! Yau wace rana! Shigo, shigo, kada ki jiƙa mini tabarmar ƙofa."

Rabonta da gidan tun bazara. Tana shiga ta ga takardu, irin takardar naɗe nama ta wurin aiki, an yayyanka ƙanana an manna ko'ina da rubutunsa. A jikin ƙofa: makulli yana aljihun hagu. A kan murhu: kashe gas. A kusa da agogo: Litinin aiki, bas na takwas saura kwata. Ta bi shi kicin, sai ta ga wata a jikin butar shayi: kofi ɗaya, Enid ta rasu.

Ba ta san abin ya kai nan ba.

Suka zauna a gaban wuta da shayi da biskit. Ta yi ta kewaye-kewaye, zancen ruwan sama, zancen ƙafarsa, har ya ajiye kofi ya dube ta.

"'Yar nan, tun kina 'yar talatin na san fuskarki in za ki faɗi abin da ba ki so. Faɗi."

"Gobe, Kawu. Shafi na goma sha huɗu."

Garwashi ya faɗo daga murhun jin ɗumi, Cyril ya sa ƙarfe ya mayar da shi.

"Wa ya rubuta?"

"Ni."

"To alhamdu lillahi da ba ɗan iskan nan Gavin ba ne. Da mota zai sa ta bi ta kaina."

"Ɗakin sanyi ya so ya kulle ka."

Cyril ya tuntsire da dariya har da buga gwiwa. Ita kuwa kuka ya ƙwace mata, ta gaya masa duka, yadda gajerun maganganun da take ba shi suka jawo masa. Ya miƙo mata hankicinsa.

"Haba, sakarya. Shekara biyu kika ƙara mini. Da ba don takardar naman nan ba ai da tuni ina gidan tsofaffi ana ba ni miya da cokali. Na gode da kika zo. Wallahi na gode. Abin da nake tsoro duk shekarun nan ke nan, in ji shi a teburin can kamar baƙo, yara suna kallona."

Har gwaji ya yi mata. Ya miƙe ya dafa kujera kamar kantar nama, ya yi wani ɗan tari a maƙogwaro, ya ce wannan na malamin coci ne. Ya yi wani mai ƙarfi, ya ce wannan na doki ne. Ya ce gobe zai yi musu tarin da ba su taɓa ji ba, sannan ya kashe mata ido ɗaya, su bar yaron Landan da baki buɗe.

Sai ya jawo fensir da guntuwar takarda. "Bari in rubuta."

Avril ta kama hannunsa. Ta tuna matar da ke zuwa yi masa shara ranar Talata, mai bakin da ba ya rufuwa. Ta tuna yadda takardun nan suke zubowa daga aljihunsa a wurin aiki, masu shara suna tsinta suna karantawa. Ta tuna Malcolm da labulensa, ita kuwa ta haura hamsin, ba miji, ba wata sana'a.

"Kada ka rubuta, Kawu. Don Allah. In wani ya gani, tawa ta ƙare."

Ya dubi fensirin, ya dube ta. Ya ajiye.

"Gaskiyarki. Wannan ai ba abin mantawa ba ne. Mutum ya manta ranar mutuwarsa?"

Ya raka ta har bakin ƙofa yana ɗaga mata hannu. A cikin bas ta yi ta gaya wa kanta cewa dare ɗaya ne kawai.

Litinin da safe ɗakin karatu ya cika, ana ta hayaniya da warin rigunan da ruwa ya jiƙa. Takardu suna kife a gaban kowace kujera, babu mai taɓawa. Avril tana tsaye wajen tukunyar shayi Cyril ya shigo, ya sha aski, ya ɗaura jan laktaye, yana raba wa mutane alewar na'ana'a kamar yadda ya saba. Ya hango ta ya buɗe hannuwa.

"'Yar nan! Kwana biyu! Kin ɓuya, ko leƙo ni ba kya yi. Sai na mutu za ki zo?"

Ta ajiye kofin shayinta. Ta dubi idonsa ko wasa yake, ko zai kashe mata ido. Babu komai a ciki sai murna.

Ta kama hannun rigarsa. "Kawu, zo mu fita minti ɗaya."

"A zauna, jama'a," in ji Piers daga bakin ƙofa. "Avril, nan kusa da ni, yau ranarki ce."

Aka zauna, aka buɗe takardu. Misis Ollerenshaw, sakatariyar da ke karanta bayanin motsi tun kafa shirin, ta gyara tabarau ta fara da muryarta mai kama da ta mai sanar da jirgin ƙasa. Shafi na ɗaya, rigimar mashaya. Na huɗu, an saci keke, aka yi dariya. Avril ba ta jin komai sai ƙarar juya takarda, mutum talatin suna juyawa tare. Na tara. Cyril yana tsotsar alewarsa yana bin layi da yatsa. Na goma sha biyu. Wata 'yar wasa mai saurin ido ta leƙa gaba, Avril ta ga ta ɗora hannu a baki. Na goma sha uku.

Cyril ya karanta nasa da daɗin rai: "Laba nawa za a yanka miki?"

Misis Ollerenshaw ta ɗan tsaya. Sannan ta ce, "Mahauci ya juya zai ɗauki wuƙa. Ya yi tari."

Ana jin ruwa yana sauka ta bututun bayan taga.

Cyril ya karanta layin da kansa, leɓensa yana motsi. Ya cire alewar daga bakinsa ya naɗe a hankici. A hankali ya mayar da takardun zuwa shafin farko, inda ake rubuta sunan marubuci, ya daɗe yana kallo. Da ya ɗago, fuskarsa ta zama ta tsoho tukuf.

"Avril? Ke?"

Ta sunkuyar da kai kan takardunta.

"Ban ce kada ki rubuta ba, aiki ne. Amma ko a kunne ba ki raɗa mini ba? Ni? Otley ɗin nisa gare ta?"

Kowa ya zuba mata ido. Piers ya jingina da kujera yana jujjuya biro, yana jira ya ji. Kalma huɗu ce za ta wanke ta: jiya na je gidanka. In ta faɗa, kwalinta yana jiranta kafin azahar. Kuma mutum talatin za su gane cewa dattijon nan ya manta abin da aka gaya masa jiya da la'asar, mako goman ma ya tafi.

Ta ce, "Doka ce, Mista Threlfall."

Tunda suke ba ta taɓa kiransa haka ba. Ya gyaɗa kai sau biyu. Ya dafa tebur, ya yi tarin, ɗan ƙarami, ba na doki ba, ba na malamin coci ba. Misis Ollerenshaw ta share ido ta ci gaba da shafi na goma sha biyar.

Da aka tashi babu ɗan wasan da ya yi wa Avril magana. Wadda ta leƙa gaba ɗin nan ta bi ta gefenta ta ja tsaki. Piers kaɗai ya dafa kafaɗarta ya ce, "Na san da wuya. Kin burge ni." Ji ta yi kamar ta wanke kafaɗar da sabulu.

Washegari da safe ta shiga ɗakin ɗaukar shiri tun ba a kunna manyan fitilu ba. Ko yana fushi ko ba ya fushi, akwai maganganu shida da za a rubuta a takardar nama. Ta tsaya a bayan kantar nama ta fara. Sai ta ji takun da ta sani.

Cyril ne, da farar rigarsa, yana murmushi. Ya miƙo mata alewa.

"'Yar nan, gara da na same ki ke kaɗai." Ya rage murya, ya waiga. "Yau gidan nan wani iri. Duk wanda na gaisar sai ya sunkuyar da kai, mai gadi har rungume ni ya yi. An ba wani tari, ko? Na san ƙamshin abin. Wa ye? Ba dai yarinyar nan mai sayar da jarida ba, ga ta da ƙananan yara. Gaya mini, ke ai ba kya ɓoye mini komai."

Avril ta dube shi. Mako goma. Litinin goma, da duk safiyar da ke tsakaninsu, kowace ya zo da alewarsa ya tambaye ta.

Ta yagi gefen takardar nama. Ta rubuta da manyan baƙaƙe yadda zai iya karantawa ba tabarau: Kai ne, Kawu. Na je gidanka ranar Lahadi na gaya maka, ka ce ka gode. Ta sa sunanta a ƙasa, cikakke, Avril Raistrick.

Ya karanta sau biyu. Murmushin ya tafi, amma ya kama hannunta.

"Kin zo?"

"Na zo. Har biskit ka ba ni."

"To," in ji shi. "To, madalla."

Ya ninke takardar ya tura a aljihun gaba na farar rigar, aljihun nan mai ɓaraka a gindi wanda takardunsa suke zubowa ta ciki kullum. Ta gani, ba ta ce ya canja aljihu ba. Manyan fitilu suka kama ɗaya bayan ɗaya, daga baranda kuma ana jin muryar Piers yana tahowa yana tambaya ko an ga Avril.